Rabukonazol da Ciwon da Ba a Raɗa wa Suna ba: Ƙalubale ga Manazarta Hausa daga Ƙasar Kurfi da Dutsin-Ma

1.0 Gabatarwa

A cikin kundayen da masana harhaɗa magunguna suke adana tarihin sinadarai, akwai sunaye masu yawa da aka rufe bayaninsu da jimla guda: an dakatar da aiki a kansa. Ɗaya daga cikinsu shi ne rabukonazol, maganin kashe fumfuna wanda kamfanin Eisai na ƙasar Japan ya gano, wanda kuma zuwa shekarar 2007 aka daina ƙoƙarin kai shi kasuwa. Mai karatu yana da hurumin ya tambaya: me ya haɗa mujallar nazarin Hausa da maganin da bai taɓa hawa kantar kemis a Kurfi ko Dutsin-Ma ba?

Abin da ya haɗa su shi ne ƙaya da ƙafar manomi. Bayan an dakatar da wannan magani, an sake tono shi, aka gwada shi a kan wata cuta mai cin ƙafa da ake kira maisetoma, wadda take shiga jiki ta hanyar sukar ƙaya, take kuma addabar manoma da makiyaya a irin yanayin ƙasar da Jihar Katsina take ciki. Ra'ayin wannan maƙala shi ne maganin da aka jingine ba ya farfaɗowa sai a wurin da aka san cutar da zai yi wa aiki, aka raɗa mata suna, aka ƙidaya masu fama da ita. Mutanen Sudan sun yi wannan aiki, suka ga amfaninsa. A ƙasar Hausa kuwa, matakin farko, wato suna, har yanzu yana jiran mai yi, kuma wannan mataki a hannun manazarta harshe da al'ada yake kafin ya isa hannun likita.

2.0 Ma'anar Sunan

Sunayen magunguna na zamani ba da ka ake ƙirƙirar su ba. Tun a shekarar 1950 Hukumar Lafiya ta Duniya ta amince da tsarin bai wa kowane sinadarin magani suna guda wanda duk ƙasashe za su yi tarayya a kansa, aka fitar da jerin farko a 1953. A wannan tsari, suna yana da ginin da mai nazarin ƙirar kalma zai gane nan take. Ƙarshen sunan shi ne yake nuna dangin maganin, farkonsa kuma shi ne yake bambanta shi da 'yan'uwansa.

Sunan da ake rubutawa ravuconazole a rubutun ƙasa da ƙasa ya rabu gida biyu. Gaɓar ƙarshe, wato -konazol, tana nuna cewa maganin ɗan gidan mikonazol ne, gidan da ya haifi ketokonazol da fulukonazol da itirakonazol, waɗanda wasunsu sanannu ne a kemis-kemis na garuruwan Arewa. A cikin wannan gaɓa kuma akwai azol, wadda ta samo asali daga azote, sunan da Antoine Lavoisier da abokan aikinsa suka bai wa iskar naitirojin a Faransa a ƙarshen ƙarni na 18, daga kalmomin Girkanci masu nufin abin da ba ya raya mai numfashi. Wannan naitirojin shi ne dai sinadarin da manomi yake nema a cikin takin yuriya. Gaɓar farko kuwa, rabu-, tambari ce kawai ta rarrabewa.

Aikin magungunan wannan gida iri ɗaya ne. Ƙwayar fumfuna tana gina fatar da ta lulluɓe ta da wani maiƙo da ake kira agosterol. Maganin yana toshe sinadarin da yake sarrafa wannan maiƙo, sai fatar ta lalace, fumfunar ta kasa yaɗuwa. Wahalar ita ce ginin ƙwayar fumfuna ya fi kusa da na ɗan'adam a kan na bakteriya. Saboda haka samun maganin da zai illata fumfuna ya bar jikin mai ita lafiya abu ne mai wuya, shi ya sa dangogin magungunan fumfuna ba su da yawa, shi ya sa kuma jingine ko da guda ɗaya daga cikinsu asara ce.

Abin lura a nan shi ne likita a Tokyo da likita a Katsina, da zarar sun ga wannan suna, sun san dangin maganin da irin aikinsa. Duniyar magunguna ta ɗauki suna da muhimmanci har ta kafa masa hukuma. Sai a riƙe wannan batu, domin za a dawo kansa idan an zo ga sunan cutar.

3.0 Jinginewa da Farfaɗowa

Bayan Eisai ya gano rabukonazol, kamfanin Bristol-Myers Squibb na Amurka ya karɓi aikin gwada shi, har aka kai ga gwaji a jikin mutane. A daidai wannan lokaci wasu 'yan gidan suka riga shi shiga kasuwa: borikonazol ya sami izini a 2002, posakonazol kuma a 2005 a Turai da 2006 a Amurka. Majinyatan da manyan kamfanoni suke hange a lokacin su ne masu raunin garkuwar jiki a asibitocin ƙasashe masu arziki, irin masu sankarar jini da waɗanda aka yi wa dashen ɓargo. Rabukonazol bai kai ga wannan kasuwa ba.

Sai dai sinadarin yana da wata baiwa: yana daɗewa a cikin jini har kwanaki. Nakasunsa kuma shi ne ba ya narkewa sosai a ruwa. Masana suka ɗaura masa wani reshe na fosfet domin ya riƙa narkewa, wanda jiki yake cirewa bayan an sha. Wannan sabon siffa shi ne fosrabukonazol, gaɓar fos- tana nuni ga reshen da aka ƙara.

Daga nan maganin ya bi hanyoyi uku. Ta farko ta kai shi Bolibiya, inda ƙungiyar DNDi, wadda aka kafa a 2003 domin samar da magunguna ga cututtukan da kasuwa ta yi watsi da su, ta gwada shi a kan cutar Chagas. Ya danne ƙwayar cutar na ɗan lokaci, amma ta dawo bayan an daina sha. Hanya ta biyu ta mayar da shi gida Japan, inda a 2018 aka ba shi izini da sunan Nailin domin maganin fumfunar farce. Hanya ta uku ta kai shi Sudan. A 2014 masu bincike daga Khartum da Rotterdam ta ƙasar Holan suka wallafa cewa fumfunar da ta fi haddasa maisetoma, mai suna Madurella mycetomatis, ba ta iya jure rabukonazol a ɗakin bincike. A 2017 aka fara gwajin maganin a Cibiyar Binciken Maisetoma ta Jami'ar Khartum, tare da DNDi da Eisai. Shi ne karo na farko a tarihi da aka yi wa wannan cuta cikakken gwajin kwatance, wanda majinyaci da likita ba su san wane magani aka bai wa wa ba sai bayan an kammala.

Darasin da ke cikin wannan tarihi a bayyane yake. Dakatar da magani sau da yawa hukunci ne na lissafin riba, hukuncin ingancinsa kuma daban ne. Sinadarin da aka jingine a 2007 shi ne aka ba izini a wata siffa bayan shekara 11. Kuma ba abin mamaki ba ne da ya fara isa ga farcen mai kuɗi kafin ya isa ga ƙafar talaka.

4.0 Cutar da Ake Magana a Kanta

Likitan Ingila John Gill ya bayyana wannan cuta a Madurai ta ƙasar Indiya a 1842, daga nan ta sami laƙabin ƙafar Madura. A 1860 Henry Vandyke Carter ya raɗa mata suna maisetoma. Ƙwayar cutar tana zaune a cikin ƙasa. Idan ƙaya ko tsinke ya soki mutum, sai ta bi raunin ta shiga ƙarƙashin fata. Da fari ɗan ƙullutu ne marar zafi, wanda zai iya ɗaukar watanni ko shekaru yana girma a hankali. Daga baya sai kumburin ya huhhuje, ƙofofin su riƙa fitar da ruwa tare da wasu 'yan ƙwayoyi masu kama da tsabar gero ko yashi. Idan aka bar shi, yana ratsa nama ya kai ga ƙashi, ƙarshensa kuma yanke ƙafa.

Cutar iri biyu ce. Akwai wadda fumfuna take haddasawa, akwai wadda bakteriya take haddasawa, maganinsu kuma ya bambanta. Launin tsabar da ke fita yana taimaka wa likita: baƙa alamar fumfuna ce, ja alamar bakteriya ce, fara kuwa tana iya zama ko wanne. Ke nan bayanin da majinyaci zai yi da bakinsa, cewa abin da ke fita baƙi ne ko ja, yana daga cikin abin da ake gina magani a kansa.

Masana sun shata yankin da cutar ta fi yawa tsakanin digiri 15 kudu da layin da ya raba duniya biyu da digiri 30 arewa da shi, musamman wurare masu zafi da gajeren damina da itatuwa masu ƙaya. Sudan da Chadi da Senegal da Muritaniya da Somaliya da Yaman da Indiya da Meziko duk suna ciki. A 1988 Michel Develoux da abokan aikinsa suka wallafa nazari a kan masu wannan cuta a Jamhuriyar Nijar. A 2016 Hukumar Lafiya ta Duniya ta sanya ta cikin jerin cututtukan ƙasashe masu zafi da aka yi wa riƙon sakainar kashi, a 2022 kuma ta sanya fumfunonin da ke haddasa ta cikin jerin fumfunoni 19 da suka fi bukatar kulawa. Hukumar ta kuma bayyana cewa cutar ba ta cikin waɗanda doka ta wajabta kai rahotonsu, don haka ba a san adadin masu ita a duniya ba.

5.0 Ƙasar Kurfi da Dutsin-Ma

Kurfi da Dutsin-Ma suna tsakanin digiri 12 da 13 ne arewa, wato a tsakiyar yankin da aka shata. Duk wanda ya bi hanyar Katsina zuwa Dutsin-Ma ta Kurfi da Birchi ya san irin itatuwan da ke gonakin wannan ƙasa: bagaruwa da farar ƙaya da gawo da aduwa da magarya da kurna, kowannensu da ƙayarsa. Da ƙaya ake shinge a kare shuka daga dabbobi, da ita ake kewaye garke. Manomi yakan cire takalmi idan ya shiga huɗa ko noma, yaro mai kiwo yakan yini a daji da silifa ko babu, mace mai neman itace hannunta da ƙafarta ba sa rabuwa da suka. Masu noman rani a kewayen madatsar ruwa ta Zobe suna yini ƙafa cikin laka. Masu bincike a Sudan sun lura da alaƙa tsakanin wannan cuta da wuraren da dangin bagaruwa suka yawaita, da kuma ƙasar da ta cakuɗa da kashin shanu. Babu ɗaya daga cikin waɗannan sharuɗɗa da ƙasar Kurfi ta rasa.

Jihar Katsina tana iyaka da Jihar Maraɗi ta Nijar, ƙasar da aka tabbatar da cutar a cikinta tun shekaru da dama. Ƙwayar cuta ba ta san kan iyaka ba, kuma Hausawa sun ce abin da ya ci Doma ba ya barin Awai. Haka nan a can Sudan, jihohin Jazira da Sinnar da suke cikin wuraren da cutar ta fi kamari, nan ne dubban Hausawa da Fulani suka yi kaka-gida. Garin Mai Wurno da ke kusa da Sinnar ya samo sunansa ne daga Muhammadu Bello Mai Wurno, ɗan Sarkin Musulmi Attahiru na Ɗaya, wanda ya ja ragowar jama'ar mahaifinsa zuwa gabas bayan yaƙin Burmi na 1903. Ashe ko ta wannan fuska, maganar maisetoma magana ce da ta shafi masu magana da Hausa.

6.0 Giɓin Suna

Hausa tana da wadatar sunayen cututtukan fata. Akwai makero da ƙyasbi da ƙora, waɗanda fumfuna ce take haddasa su. Akwai ƙazuwa da kirci da maruru da gyambo da tundurmi da daji. Ƙamusun Bargery na 1934 da na Abraham na 1949 da Ƙamusun Hausa na Jami'ar Bayero na 2006 sun tattara da yawa daga cikin irin waɗannan kalmomi. Ayyukan Murray Last da Lewis Wall a ƙasar Malumfashi, da na Farfesa Aliyu Muhammad Bunza a kan magungunan gargajiya, sun nuna zurfin tunanin Bahaushe game da cuta da magani. Duk da haka, babu suna guda da ma'aikatan lafiya da kafofin yaɗa labarai da jama'a suka daidaita a kansa domin wannan ciwo mai kumburi da huji da tsaba.

Idan ciwo ya rasa sunan kansa, sai ya fake a ƙarƙashin sunan wani. Kumburin da ya ƙi sacewa za a iya kiran sa tundurmi, wanda ya fashe ya ƙi warkewa a kira shi gyambo ko daji, wanda ya gagari magani kuma a ce jifa ne ko an taka sammu. Kowane suna yana da ƙofar da yake tura majinyaci: wannan wajen wanzami, wancan wajen mai magani, wani kuma wajen mai kemis. Ciwon ba ya zafi da fari, saboda haka babu abin da zai gaggauta mai shi zuwa asibiti, sai lokacin da ƙashi ya taɓu.

A Sudan jama'a suna kiran cutar madura ko nabit, kalmar Larabci mai nufin tsiro. Farfesa Ahmed Hassan Fahal ya kafa cibiyar Khartum a 1991, aka shafe shekaru ana rubuta majinyata dubbai ɗaya bayan ɗaya. Wannan rajista ita ce ta sa lokacin da aka nemi wurin gwada fosrabukonazol, aka san inda za a dosa. Misali na kusa kuma shi ne kurkunu. Kowane ƙauye ya san sunansa, shi ya sa aka iya bi gida-gida ana tambaya. A ƙidayar da aka fara a 1988 an sami mutum fiye da 650,000 masu kurkunu a Nijeriya, aka ga na ƙarshe a 2008, Hukumar Lafiya ta Duniya kuma ta tabbatar da kawar da shi daga ƙasar a 2013. Da a ce ma'aikaci ya shiga ƙauye ba shi da kalmar da zai yi tambaya da ita, da wannan ƙidaya ba ta yiwu ba.

Matsalar ta taɓa har kalmar da ake fassara dangin fumfuna da ita. A rubuce-rubucen intanet, musamman waɗanda na'ura ta fassara, naman gwari ya zama ruwan dare. Wannan kalma ba ta dace da harshen asibiti ba. Na farko, hankalin mai sauraro zai tafi ga abin da ke tsirowa a juji ko gindin itace da damina. Na biyu, akwai ƙanshin zolayar ƙabila a cikinta. Fumfuna kuwa kowace mace ta san ta a jikin tuwon da ya kwana biyu, kowane manomi ya san ta a jikin hatsin da ya sha danshi: abu ne mai rai, mai yaɗuwa a hankali, mai cin abin da ya kama. Wannan hoto shi ne ya fi kusa da gaskiyar abin da ke faruwa a cikin ƙafa.

7.0 Kalmar Gwaji da Darasin Kano

A ɗauka an kai ga ranar da za a kawo irin wannan magani ƙasar Katsina domin a gwada. Da wace Hausa za a nemi yardar majinyaci? Ƙasar Hausa ta riga ta ɗanɗana ɗacin wannan tambaya. A 1996, lokacin annobar sanƙarau, kamfanin Pfizer ya gwada maganin Trovan, wanda na bakteriya ne, a Asibitin Cututtuka Masu Yaɗuwa na Kano a kan yara kusan 200, rabinsu aka ba su sabon maganin, rabi kuma wanda aka saba da shi. Yara 11 suka rasu. Iyaye suka ce ba a sanar da su cewa gwaji ake yi ba, kamfanin kuma ya ce ma'aikatan jinya sun yi bayani da Hausa, an kuma sami yarda da baki. A 2009 aka sasanta da Gwamnatin Jihar Kano a kan dala miliyan 75, ba tare da kamfanin ya amsa laifi ba. Masu sharhi da dama sun sanya wannan lamari cikin dalilan da suka ƙarfafa ƙin rigakafin shan-inna a 2003 da 2004.

Abin da ya kamata ya tsaya wa manazarcin harshe a rai shi ne wani babban ɓangare na wannan taƙaddama ya rataya ne a kan abin da aka faɗa da Hausa da abin da aka fahimta. Kalmar gwaji kanta tana da fuska biyu. Idan aka ce wa uwa za a yi wa ɗanta gwaji, abin da za ta ji shi ne za a ɗebi jini a gano abin da ke damun sa. Mai bincike kuwa yana iya nufin za a ba shi maganin da ba a gama sanin amfaninsa da illarsa ba. Bincike ma haka take: likita yana bincike, ɗalibin jami'a ma yana bincike. Mutum zai iya cewa ya yarda da zuciya ɗaya alhali abin da ya yarda da shi daban, abin da aka nema daban.

Haka nan akwai kalmomi uku da fassarar labarai take yawan cakuɗawa: dakatarwa da taƙaitawa da haramtawa. Rabukonazol dakatar da aikinsa aka yi tun bai shiga kasuwa ba. Ketokonazol na sha, wanda ya daɗe yana cikin magungunan maisetoma, a 2013 hukumomin Turai suka tsayar da sayar da shi, na Amurka kuma suka taƙaita amfani da shi saboda illa ga hanta. Trovan ma saboda hanta aka taƙaita shi a Amurka a 1999. Idan duk aka fassara su da an hana, mai sauraro zai ɗauka cewa duk maganin da aka taɓa dakatarwa guba ne, ranar da aka dawo da shi kuma zai ce an kawo wa talaka abin da Turawa suka ƙi.

8.0 Hujjojin Masu Suka

Akwai suka guda uku da suka cancanci amsa. Ta farko ita ce maganin bai yi abin a zo a gani ba. Gaskiya ne sakamakon gwajin Khartum da aka wallafa a 2024, wanda ya ƙunshi majinyata 104, bai nuna fosrabukonazol ya fi itirakonazol ba. Bayan wata 12 na shan magani tare da tiyata a wata na shida, kashi 65 cikin 100 na waɗanda suka sha miligiram 200 na sabon maganin sun warke, kashi 50 na waɗanda suka sha miligiram 300, yayin da kashi 75 na masu shan itirakonazol suka warke. Sai dai sabon maganin sau ɗaya ake shan sa a mako, tsohon kuwa sau biyu kullum tare da abinci har shekara guda. Ga manomin da ke nesa da asibiti, wannan bambanci yana da nauyi. Bugu da ƙari, gwajin ya nuna cewa tsohon maganin ma yana aiki idan an same shi ba yankewa, an kuma sha shi a kan ƙa'ida. Wannan ya ƙara wa hujjar gano cutar da wuri ƙarfi.

Suka ta biyu ita ce a Afirka ta Yamma kaso mai yawa na maisetoma na bakteriya ne, wanda maganin fumfuna ba ya yi masa aiki. Wannan ma gaskiya ne. Amma irin na bakteriya ya fi saurin jin magani, saboda haka mai shi ya fi kowa asara idan ya zauna a gida don rashin sanin sunan ciwonsa.

Suka ta uku ita ce ƙasar Kurfi tana da matsalolin da suka fi wannan girma: zazzaɓin cizon sauro da tamowa da rashin tsaron da ya raba mutane da gonakinsu. Babu mai musun haka. Sai dai aikin da ake kira a yi bai bukaci a rage ko kwabo daga kasafin waɗancan ba. Aikin tattara kalmomi ne, irin wanda ɗaliban digiri na biyu suke yi kowace shekara a kan karin magana da waƙoƙin baka da sunayen tsirrai.

9.0 Abin da Ya Kamata a Yi

Da farko, a shiga ƙauyukan Kurfi da Dutsin-Ma da hotunan ciwon a matakansa daban-daban, a tambayi wanzamai da maɗora da 'yan magori da masu kemis da makiyaya da tsofaffin manoma: me kuke kiran wannan? Me kuke cewa yana kawo shi? Ina ake kai mai shi? Idan aka sami tsohon suna a bakin jama'a, shi ya fi cancanta a ɗaukaka, domin mai ɗaki shi ya san inda yake masa yoyo. Kafin nan, ana iya aiki da suna mai siffantawa kamar kumburi mai tsaba, saboda ya ƙunshi alamar da take bambanta ciwon da gyambo da tundurmi.

Na biyu, a daidaita kalmomin neman yarda. A keɓe awo ga abin da ake yi domin gano cuta, kamar awon jini da awon fitsari, a kuma riƙa faɗin gwajin sabon magani a cike duk lokacin da shi ake nufi. A samar da matanin neman yarda da boko da ajami da kuma sauti, a jarraba shi a kan mutanen karkara, a ce su maimaita abin da suka fahimta, a gyara inda aka sami saɓani.

Na uku, a yi aikin da haɗin guiwa. Jami'ar Tarayya ta Dutsin-Ma, wadda aka kafa a 2011, da Jami'ar Umaru Musa 'Yar'aduwa da Kwalejin Ilimi ta Isa Kaita da Asibitin Koyarwa na Tarayya da ke Katsina duk suna kusa da juna. Manazarcin Hausa zai kawo kalma, likita ya tabbatar da ciwon da take nufi, gidan rediyo kuma ya mayar da ita ga jama'a tare da saƙo mai sauƙi: ƙullutun da ya biyo bayan sukar ƙaya, ya ƙi ɓacewa, a kai shi asibiti tun bai huje ba.

10.0 Kammalawa

Yaƙin da ya ɓarke a Sudan ranar 15 ga Afrilu, 2023 ya tsayar da aikin cibiyar Khartum, a 2025 kuma shugabanta ya sanar da cewa an lalata ta, har da samfuran da aka shafe shekaru ana tarawa. Wurin da ya fi ko'ina sanin wannan cuta ya durƙushe, nauyin kuma ya ƙaru a kan sauran ƙasashen da ke cikin yankin. Tarihin rabukonazol ya nuna cewa magani yana iya shafe shekaru a jingine, sannan a ɗauko shi ranar da wasu suka zo da sunan cuta da adadin masu ita a rubuce. Ya rage ga sassan Hausa na jami'o'i su sanya sunayen cututtukan fata da na ƙafa cikin batutuwan da ake bai wa ɗalibai, a fara da ƙasar Kurfi da Dutsin-Ma, domin idan aka zo tambayar ko akwai masu kumburi mai tsaba a nan, a sami kalmar da za a yi tambayar da ita.